Afi a Fagen Fama

Masu riƙe da labarin ƙasar Kwargaba sun ce ba fari ne ya ci mulkin Sarki Tunau ɗan Barmo ba, ba kuma sarakunan maƙwabta ba. Abin da ya ci shi turɓaya ce, wadda ba ta wuce cikin tafin hannu ba.

Tun kaka da kakanni ana yi wa sarakunan Kwargaba afi, wato mutum ya zube ya kafa goshi a ƙasa, ya ɗebi turɓaya ya watsa a kansa. Amma a cikin fada ake yi, kuma sai wanda ya zo da buƙata. Da Tunau ya hau gado sai ya ga abin ya yi masa kaɗan. Ya kafa doka cewa duk inda laimarsa ta ɓullo, kasuwa ce ko gona ko bakin rijiya, kowa ya sauko daga abin da yake kai ya yi afi, kuma ba mai ɗaga kai sai laima ta wuce. Wanda ya saɓa, a sare shi nan take. An ga magini ya diro daga kan katanga ya karye don kada laima ta tarar da shi a sama. An ga masunta sun saki taru cike da kifi sun kifa a cikin taɓo. Fadawa kuwa sai cewa suke ba a taɓa yin sarki mai kwarjini irin wannan ba, su a wurinsu duk abin da ya sa mutum makyarkyata kwarjini ne.

Ana cikin haka wani malami mai suna Arzika ya dawo daga gabas, inda ya daɗe yana karatu. Abin da ya fi ƙwarewa a kai shi ne ilmin auna magana, yadda ake raba wadda ke da hujja da wadda ba ta da ita. Ya zauna a gindin wata ɗorawa a bayan kasuwa, ba ya zagin kowa, tambaya kawai yake yi. Wa ya naɗa wa sarki rawani? Hannun mutane. Don me suka naɗa? Don ya tsare musu rai da gona da mutunci. To in ya daina tsarewa, hannun da ya naɗa ya shanye ne da ba zai iya kwancewa ba? Yakan ce Allah ya ba talaka hankali irin wanda ya ba sarki, bai tauye masa mudu ba, saboda haka duk dokar da ba za a iya faɗin dalilinta a gaban jama'a ba, son zuciya ne aka sa wa babbar riga. Tunau ya kore shi daga birni. Malam ya koma duwatsun Mazuga, manoma da marina da maƙera suka yi ta bin sa a ɓoye, daga baya a fili. Fadawa suka laƙaba musu 'yan dalili don ba'a, su kuwa suka karɓi sunan hannu bibbiyu.

Shugaban mayaƙan Kwargaba a lokacin shi ne Kaura Mijinyawa, dattijo mai zafin zuciya wanda ya yi wa uban Tunau yaƙi tun ƙuruciya. Ya tsani Malam Arzika, don a ganinsa shi ya raba ƙasa biyu. Sai dai an taɓa aikensa ya saurari karatun ɗorawa ya kawo rahoto, kuma tun daga ranar tambayoyin nan suka maƙale masa kamar ƙayar kifi a maƙogwaro. Ɗa ɗaya gare shi namiji, Hankurau, wanda aka haifa bayan an fid da rai. Hankurau ne ke riƙe da sarautar Lifidi, wato shugaban barade masu sa rigar yaƙi mai kaurin auduga, su da dawakinsu. Kibiya ba ta huda wannan riga, amma nauyinta ya isa. Ɗan lifida ba ya hawa doki da kansa, sai an tallafe shi an ɗora.

Wata rana da hantsi manzo ya iso fada a guje, ya yi afi yana haki. Ya ce garuruwan yamma duk sun kori hakimansu. Hakimin Ruwan Gora ma ba su kashe shi ba, zaunar da shi suka yi a tsakiyar kasuwa suka ce ya faɗi dalilin kowace bulala da ya taɓa sa aka yi wa mutum. Da ya rasa amsa suka kwance masa rawani suka miƙa masa fartanya. Yanzu kuma 'yan dalili sun sauko daga duwatsu sun yi sansani a fadamar Mazuga, sun zaɓi shugaban yaƙi da shawara, suna cewa in bai yi daidai ba su sauke shi. Da a ce sun yanka hakimin da Tunau bai ji zafi haka ba. Ya sa aka buga tambari don kiran majalisa, a bugun farko fatar tambarin ta yage. Aka kira mai duban fada, ya zana ƙasa ya share, ya ce alheri ne: yadda fatar nan ta yage haka zukatan abokan gaba za su yage da zarar sun hangi laimar Sarki. Wannan bawan Allah tun da ya fara duba bai taɓa ganin abin da zai ɓata wa Sarki rai a cikin ƙasa ba, shi ya sa ya tsufa da ƙiba.

Majalisa ta cika. Galadima ya kawo shawarar a aika a ji buƙatunsu, aka yi kamar ba a ji shi ba. Sarkin Fada Cindo, mutumin da bai taɓa jin ƙarar kibiya ba amma ya fi kowa son yaƙi, ya ce a murƙushe su kafin damina. Sarki ya ce da kansa zai fita. Nan ne Kaura ya nemi izinin magana. Ya gyara zama ya yi gaisuwa.

"Allah ya ja zamanin Sarki. Yaƙin nan ba shi da wuya. 'Yan baka ne a ƙasa, ba su da doki, in 'yan lifida suka taka su sau ɗaya an gama. Roƙona guda ne. Ko Zaki ya zauna a birni mu kawo masa bushara, ko a ɗauke wa 'yan lifida afi daga fitarmu har komowarmu. Wanda ke cikin lifidi in ya sauka a fagen fama ya zama damin dawa, ba ya hawa, ba ya gudu. Ranka ya daɗe, kada a sa su zaɓi tsakanin dokarka da nasararka."

Sarkin Fada ya tafa hannu yana salati, ya ce ashe cutar ɗorawa ta shigo har zauren Sarki, ga Kaura da furfurarsa ya kawo wa doka dalili. Kaura ya juya ya dube shi, ya ce in akwai wanda ke shakkar biyayyarsa ya zo ya ƙirga tabon da ke jikinsa. Sarki ya ɗaga hannu, kowa ya nutsu. Tunau ba wawa ba ne, wannan shi ne abin baƙin cikin. Ya fahimci abin da ake yaƙi a kansa fiye da duk wanda ke zauren.

"Kaura, maganarka gaskiya ce, kuma don gaskiya ce ba zan karɓa ba. Yau ka ce lifidi ya yi nauyi, na ɗauke. Gobe manomi ya ce kayansa sun yi nauyi, mai ciki ta ce cikinta ya yi nauyi. Kowa da dalilinsa, kuma kowane dalili mai kyau ne. Ranar da doka ta sunkuya wa dalili, dalili ne sarkin Kwargaba, ni kuwa wakilinsa ne. Me Arzika ke nema da ya wuce wannan? In na ba ka abin da ka roƙa, na ba shi nasara tun ba a ja baka ba. Dokata ba ta da dalili sai ni."

Fadawa suka ɗauka da kirari, Kaura kuwa ya ji kamar ya tsage don fushi. Galadima ne ya lallaɓa ya samo tsakiya: Sarki zai fita, amma zai tsaya da laimarsa a kan tudun da ke bayan rundunar, inda mayaƙa za su ba shi baya ba su gan shi ba. Sarki ya yarda da haka. Kaura ya yi godiya da baki, ya fita yana cizon leɓe.

Da la'asar ya tarar da ɗansa a bargar dawaki, ana ɗinke lifidin da ɓeraye suka taɓa. Ya ja shi gefe. Ya ce masa bai amince da alkawarin tudu ba, don Cindo na nan kusa da kunnen Sarki. In har laima ta sauko fili, kada ya sauka, kada ya bari mutanensa su sauka, shi Kaura zai ɗauki laifin a wuyansa. Hankurau ya saurare shi yana wasa da linzami. Mutum ne mai sanyin hali, bai ɗauko zafin ubansa ba.

"Baba, ko na ƙi sauka su za su sauka. Bara a ƙofar yamma, da Sarki ya sa aka sare barden nan da ya yi jinkirin sauka, a gabansu aka yi, kuma kai ka tsaya aka yi. Matansu da 'ya'yansu suna cikin birni a hannun dogarai. Ba zan zauna a kan doki ni kaɗai mutanena suna ƙasa ba."

Kaura ya buga ƙafa a ƙasa. Ya zagi Cindo, ya zagi Arzika, ya zagi ɓerayen da suka ci lifidi, ya tafi.

Ranar gamuwa gari ya waye da rundunonin biyu suna kallon juna a fadamar Mazuga. Kaura ya tsara yaƙinsa yadda ya saba. Ya tura dakarun ƙasa masu garkuwa suka tsokano 'yan dalili, suka yi kamar sun karaya suna ja da baya. 'Yan dalili manoma ne, ba su san wannan dabara ba, suka baro sansaninsu suka biyo su cikin fili suna sowa. Can gefe, bayan wani kurmin kalgo, 'yan lifida na jere a kan dawaki, Hankurau a gaba, suna jiran Kaura ya ɗaga mashi. Abin ya tafi daidai har ya fara jin tausayin mutanen Arzika, don ya san abin da kofato zai yi musu in an jima.

A kan tudu kuwa Sarkin Fada ya ga nasara ta nuna, ya matso kusa da Sarki. Ya ce yanzu za a gama, kuma gobe maroƙa za su ce Kaura ya ci yaƙi alhali Zaki na bayan fage yana kallo. Ya tuna masa da maganar mai duba, cewa laima ce za ta yaga zukatansu. Ba a sha wahalar zuga Tunau ba.

Kaura ya ɗaga mashi ke nan sai ya ji kakaki a bayansa. Ya waiwaya ya ga laima, ja da fari, tana gangarowa daga tudu, ta nufo tsakanin 'yan lifida da abokan gaba. Ya daka tsawa ya ce kowa ya zauna a kan dokinsa. Ina, tsoron da aka shekara ana dasawa ba tsawa ɗaya ke cire shi ba. Na farko ya zame daga sirdi ya faɗi tim, na biyu ya bi shi, kafin ka ce kwabo sahu duka ya zube. Hankurau ya dubi ubansa sau ɗaya, ya sauka. Dakarun ƙasa ma da suka hangi laima suka yar da garkuwa suka kifa. Rundunar Kwargaba gaba ɗaya ta kwanta a gaban abokan gaba tana watsa wa kanta turɓaya.

'Yan dalili suka ja suka tsaya, sun ɗauka wata dabara ce. Wannan tsayawa ita ce 'yar damar da ta rage. Da laima ta wuce da sauri, da zagage masu tallafar barade sun samu sun ɗora ko da rabin mutanen a kan dawaki. Amma laima ta tsaya cik, don Sarki ya ga mutum ɗaya a kan doki.

Kaura ya ce, "Ranka ya daɗe, wuce. Don girman Allah wuce, su tashi."

Sarki ya ce ba zai gusa ba sai Kaura ya sauka. Kaura ya nuna masa fili da mashi, inda 'yan baka suka fara matsowa suna ɗana kibau. Tunau ko waiwaya bai yi ba. Ya ce a gaban 'yan tawayen nan ne ya fi so a ga Kauran Kwargaba ya yi afi, su san abin da suka bari.

Kaura ya dubi ɗansa kwance cikin lifidi, goshi a ƙasa. Ya gane cewa taurin kansa ne yanzu ke riƙe da laima a wurin. Ya sauka, ya durƙusa da tsofaffin gwiwoyinsa, ya ɗebi turɓaya ya zuba a kan furfurarsa. Ya yi zaton an gama. Ashe da saura, don al'ada ce in babban basarake ya yi afi sai an yi wa Sarki kirarinsa cikakke kafin a wuce. Sarkin Fada ya gyara murya ya fara jero kakannin Tunau ɗaya bayan ɗaya, yana jan kowane suna. Kaura na kife yana jin takun ƙafafu na ƙaruwa ta cikin ƙasa. Bai taɓa tsanar wani abu a duniya kamar yadda ya tsani muryar nan ba.

Ba a kai ga kakan tsakiya ba kibau suka sauko kamar ruwan ƙanƙara. Lifidi ya yi aikinsa, kibau suka yi ta maƙalewa a cikin auduga. Amma akwai wuri ɗaya da ba ya rufewa, tsakanin kwalkwali da wuyan riga, kuma ba ya buɗewa sai mutum ya sunkuyar da kai. Wanda ya ɗinka rigar bai taɓa zaton za a yi yaƙi da ita a kife ba. Kaura ya ji wani ɗan nishi da ya sani tun mai shi yana jariri. Ya ɗaga kai ya ga kibiya tsaye a ƙeyar Hankurau, hannunsa cike da turɓayar da bai kai ga watsawa ba.

Ya miƙe. Sarkin Fada ya katse kirari ya ce laima ba ta wuce ba. Kaura ya zare takobi ya nufi mai riƙe da ita, ya kai wa sandar sara ɗaya, laimar Kwargaba ta karye ta kifa a cikin ciyawa. Dogarai na kwance, ba wanda ya tare shi. Ya juya ga rundunar ya ɗaga murya yadda duk fadama ta ji.

"Ku tashi, babu laima! Ku yar da makamai ku tashi tsaye, ba a harbin wanda ya tsaya hannu sake."

Mutane suka fara ɗaga kai, wasu na taimakon wasu, wasu kuwa ba su sake tashi ba. Daga can ɓangaren aka ji ana kiran a dakatar da harbi. Sarkin Fada ya dubi gabas ya dubi yamma, ya saki dokinsa ya nufi birni, bai ko yi sallama da ubangidansa ba. Tunau ya ba da umarni a kama Kaura, ya sake bayarwa, ya ga mutanen da ba su taɓa kallon fuskarsa ba sun tsaya suna kallonta, ba wanda ya motsa. Ya ja linzami zai juya, Kaura ya riƙe.

"Sauka," in ji Kaura. Bai ce ranka ya daɗe ba.

Tunau ya ce ya san da wanda yake magana kuwa? Kaura ya ce ya sani sarai, ya fizgo shi daga sirdi, rawanin ya warware ya faɗi. Ya ja shi har inda Hankurau ke kwance. Ya durƙusa ya zare kibiyar a hankali, ya juyo da ɗansa, ya share masa ƙasar da ke goshi da gefen rigarsa. Hawaye na zuba a gemunsa, muryarsa kuwa ba ta yi rawa ba. Ya ce ɗansa ba zai kwana a fadamar nan ba, gida za a kai shi wurin uwarsa, kuma dokinsa ya gudu can bakin kurmi. Ya sa hannu ta ƙarƙashin kafaɗun, ya dubi Tunau ya ce ya kama. Tunau ya dubi takobin, ya dubi mayaƙan da suka kewaye su shiru, ya sunkuya ya kama.

Haka 'yan dalili suka iske su, suna tafe suna tangaɗi da gawa a tsakaninsu. Sahunsu ya buɗe, Malam Arzika ya fito, ɗan siririn tsoho da sanda, ya tsaya yana duban filin da ya cika da mutanen da aka harba a kife. Ya fara cewa ba haka ya so ba. Kaura ya katse shi, ya ce ya riƙe ta'aziyyarsa, shi ma akwai ranar da za a zaunar da shi a kasuwa ya faɗi dalilin harbin wanda goshinsa ke ƙasa. Malam ya sunkuyar da kai, ya ce haƙƙinsa ne ya tambaya, kuma za a amsa masa.

Shugaban yaƙinsu, wani maƙeri mai faɗin ƙirji, ya matso yana dube-dube. Bai taɓa ganin Tunau ba sai daga ƙasa, da kai a sunkuye. Ya ga laima a karye, ya ga doki mai kayan ado ba mahayi, ya tambaya ina Sarkin ya gudu.

Kaura bai tsaya ba, bai kuma waiwaya ba.

"Bai gudu ba," ya ce. "Shi ne ke riƙe da ƙafafun."